Ɗinyar bakin shinge a Kanada: wa ya taɓa cin chokecherry?

Maman 'yan biyu, Saskatoon

Salamu alaikum 'yan'uwa. A watan Afrilu muka tare a wani gidan haya, muka tarar da wata 'yar bishiya jingine da shingen baya, tsayinta bai fi mita 4 ba. Ƙarshen Mayu ta yi farin fure reto-reto, ƙudan zuma suka yi ta zarya. Yanzu da Agusta ta raba tsakiya ta yi 'ya'ya ƙanana kamar ƙwayar gurjiya, jere a tsinke ɗaya, wasu ja, wasu sun fara baƙi. Jiya Hassan ya tsinko ya cika baki, sai ga shi ya shigo yana yamutsa fuska yana nuna maƙogwaro. Hankalina ya tashi, na kira layin da ake tambaya kan guba. Matar ta ce ya tauna ƙwallon? Na ce tofarwa ya yi. Ta ce in ba shi ruwa in sa masa ido. Lafiya lau ya kwana, alhamdulillahi. Maƙwabciyata ta ce sunanta chokecherry, wai har ci ake yi. Na ɗanɗana ɗaya, bakina ya ɗaure tamau. Ku da kuka daɗe a nan, ya kuka yi da ita? Ko in sa mai gidan hayar ya sare kawai?

Bazazzagi a Winnipeg

Wa alaikumussalam, Maman 'yan biyu, sannu da firgita. Ni ma ta taɓa yi min haka a bakin kogin Assiniboine, shekarata ta farko. Na ga ja jawur na ɗauka zaƙi ne, na damƙi guda goma na watsa. Kin san ɗanyar kanya? To ninka ta biyu. Har sunan nata ma daga shaƙewar nan ya samo asali, ceri mai shaƙe mutum. Bauri ne kawai, naman 'ya'yan ba shi da illa. Ki bar ta ta yi baƙi wuluk ta yi laushi, baurin yana raguwa sosai, ko da yake bai taɓa tafiya gaba ɗaya ba.

Hajiya Babba, Fargo

Kayya, kar ki sare, ƙanwata. Shekara tara ke nan ina dafa ta. Nan Dakota ta Arewa ita ce 'ya'yan itacen jiha a hukumance tun 2007, kuma 'yan firamare na garin Williston ne suka kai maganar gaban majalisar jiha har aka amince. A Lewistown ta Montana kuwa biki guda suke yi mata duk watan Satumba.

Ni tunda na gan ta ɗinya ta faɗo min a rai, sai na yi mata irin abin da kakata ke yi wa ɗinya, wato maɗi. Ga yadda nake yi. In tsinko waɗanda suka yi baƙi, in tsince ganye da tsinkaye tas, in wanke. In zuba a tukunya, ruwa ya ɗan rufe kansu kawai, su dahu kamar minti 20 har fatar ta fashe. Sai in ɗan daddanna da bayan ludayi, a hankali, don kar ƙwallon ya fashe. Kar ki kuskura ki sa a injin markaɗe. In juye a ƙyallen tace kamu, in rataye ya tsiyaye da kansa. Kofi ɗaya na ruwan, kofi ɗaya na sukari, da matsin lemon tsami, a mayar wuta ya yi kauri.

Shekarar farko rowar sukari na yi, na sa rabi, ba wanda ya iya sha, har maigidan da ba ya raina abinci. Ita dai sai an biya ta haƙƙinta. Yanzu a kan fanke muke zubawa, da azumi kuma in sirka da ruwan sanyi da citta, baƙi su ce zoɓon nan daban yake. Launin kuwa in ya taɓa farin mayafi, sai haƙuri. Wasu a nan giya suke yi da ita, saboda haka in an ba ki kwalba kyauta ki tambaya tukuna.

Ɗan Fulani a Alberta

Hajiya ta yi maganar tukunya, ni ta garke zan yi, don a gonar shanu nake aiki kudu da Kalgari. Ganyen bishiyar nan, da ɓawonta, da ƙwayar cikin ƙwallon, duk suna ɗauke da sinadarin da ke rikiɗewa ya zama gubar sayanaid in an tauna. Duk wanda ya yi kiwo a gida ya san wannan guba ko bai san sunanta ba. Ita ce a gyauron dawa da muke hana shanu shiga, ita ce kuma a rogo mai ɗaci da ake jiƙawa kafin a ci. Shanu da tumaki sun fi kamuwa saboda yadda tumbinsu ke sarrafa ganyen.

Wani bazara iska ta karya reshe ya faɗa cikin makiyaya, ganyen ya yi yaushi kwana ɗaya. Yaushin nan shi ne mafi muni, haka ma in sanyi ya daki ganyen. Da safe muka tarar da maraƙi yana haki yana tangaɗi, kafin likita ya iso ya tafi. Tun ranar duk bayan guguwa sai na zaga shinge. In da ciyawa wadatacciya dabba ba ta cika kula ta ba, yunwa ce ke kai su. Maman 'yan biyu ba ki da garke, amma in mai gida ya yi sassabe, a kwashe rassan, kar yara su yi wasan girki da ganyen.

Ɗaliba a Regina

Malam, to ni ga abin da ya ɗaure min kai. An gayyace mu wani taro na mutanen Cree, wata ƙabila ta 'yan asalin ƙasar nan, na ga wata dattijuwa tana daka 'ya'yan a kan dutse, ƙwallo da komai, tana mulmulawa kamar ƙuli-ƙuli tana shanyawa a rana. Na ci, yana ƙaras-ƙaras a haƙori, da ɗan ƙamshi irin na almon. Ta ce haka kakanninta ke ajiye ta har hunturu, a haɗa da busasshen naman bauna da kitse a yi guzuri. Sai da na tuna dambun nama. Ina gubar ta shiga?

Ɗan Fulani a Alberta

Tambaya mai kyau, ƙanwata. Dakan da shanyar rana su ke sa gubar ta fita ta bi iska, kamar dai yadda ake yi wa rogo. Su sun gaji aikin, sun san kwana nawa ake shanyawa. Ni ba zan gwada a kicin ɗina ba. Ƙabilar Lakota, su ma 'yan asalin yankin nan, haka suke yi, har akwai watan da suke kira watan da chokecherry ke yin baƙi.

Injiniya a Edmonton

Ni kuma nawa kukan na mai gida ne. Na sayi gida da irin nan mai jan ganye da suke kira Schubert, wadda ake shukawa a bakin titi. Ganyen yana fitowa kore, zuwa tsakiyar bazara ya koma ja-baƙi. Kyau kam akwai. Amma saiwarta tana tsiro ta ko'ina, kamar dogon yaro in an sare shi. Duk sati biyu sai na bi tsiron da almakashi a cikin ciyawa, har gidan maƙwabci ta leƙa.

Sai kuma wata cuta da ke kama rassan, wani baƙin kumburi mai kaushi kamar an manna kashin akuya a jikin sanda. Naman gwari ne ke kawo ta, kuma iska da ruwan sama ke yaɗa shi lokacin fitar ganye. Na yi kuskuren yanka a watan Yuni na bar rassan a ƙasa, shekara mai zuwa ta ninka. Daga baya aka nuna min: a yanka cikin hunturu lokacin da bishiyar ke barci, a sauka kamar santimita 20 ƙasa da kumburin, a goge almakashin bayan kowane yanka, rassan kuma a ɗaure a leda a fitar. Maman 'yan biyu, ki duba taki yanzu.

Mai son shukawa, cire tsiron da saiwarsa ya fi sauƙi. Ƙwallon ba ya tsira sai ya sha sanyi wata uku zuwa huɗu, don haka a binne shi da kaka. Ba ta da tsirfa wajen ƙasa, sanyin nan namu ma bai dame ta ba, amma a inuwa 'ya'yan ba sa yawa.

Yayan Nana, Minneapolis

Abu ɗaya kawai. Nan Minnesota akwai wata mai kama da ita, buckthorn, ta cika ko'ina. Na tsinko rabin roba kafin wani tsoho ya tsayar da ni. Ita ƙwaya uku ko huɗu ce a ciki, 'ya'yan manne da reshe, kuma gudawa take sawa. Chokecherry ƙwallo ɗaya ne tak, a tsinke mai reto. A fasa ɗaya a gani kafin a cika roba.

Maman 'yan biyu, Saskatoon

Allah ya saka da alheri baki ɗaya. Na fasa, ƙwallo ɗaya ne. Na jira kwana goma don ta yi baƙi kamar yadda Malam Bazazzagi ya ce, sai dai tsuntsaye sun riga ni na sama, na samu roba ɗaya da rabi. Hajiya, na bi naki, kwalba biyu ya fito, Hassan da ya rantse ba zai ƙara ba shi ya fara miƙo kofi. Injiniya, na ga baƙin kumburin nan a reshe biyu, na tura wa mai gida hoto, ya ce sai Fabrairu. Hajiya, in na sa a firji zai kai azumi, ko sai na daskarar?