Madarar gwangwani mai HA, da gaske tana hana yaro alaji?

Maman Haidar:
Slm 'yan uwa, don Allah masu sani ku taimaka min. Jaririyata wata biyu da 'yan kwanaki, hutun haihuwata ya kusa ƙarewa kuma wurin aikinmu babu halin zuwa da ita, shi ne nake so ta riƙa shan madarar gwangwani da rana, in na dawo ta sha nono. Abin da ke damuna yayanta ya sha fama da ekzima tun yana goye, kumatunsa da lanƙwasar gwiwa su yi ja su bushe yana ta susa har jini, babansu kuma yana da asma. Wata ƙawata ta ce in nemi madarar NAN mai rubutun HA a jiki (wato mai ƙarancin tayar da alaji), wai an farfasa furotin ɗinta shi ya sa take hana yaro kamuwa da alaji. Na je kemis na tarar ta fi ta gama-gari tsada nesa ba kusa ba, mai kemis ɗin kuma ya ce min wai ba ta sa yaro ƙiba. To kaina ya ɗaure. Tana hana alajin da gaske? Kuma yarinya ba za ta rame ba?

Ummu Safiyya:
Wslm maman Haidar Allah ya raya. Ni na ba dana ita kusan wata biyar, maganar rama gsky ban gani ba, duk zuwa awo nauyinsa na hawa daidai. Sai dai tana da dan bauri da wani wari haka, ranar farko da kyar ya karba yana ta ture bulumboti, kashinsa kuma ya koma kore-kore da dan ruwa har na tsorata sista tace ba komai haka take yi. Amma kurajen wlh sai da suka fito masa a wuya da kumatu duk da kudin da muka kashe, to ni dai ban ga abin da ta tare ba

Sista Rabi:
Maman Haidar barka da shan ruwa. Ni a ɗakin yara nake aiki, bari in ɗan yi miki bayani. Furotin ɗin nonon saniya iri biyu ne, akwai mai daskarewa wanda shi ne cuku, akwai na cikin ruwan nan da ke tsiyaya idan ana yin cukun. A nonon saniya mai daskarewar ne ya fi yawa, wajen kashi 80 cikin 100, a nonon uwa kuma na ruwan ne ya fi. To masu HA sai su ɗauki furotin ɗin ruwan kaɗai su sa masa sinadarin da zai yayyanka shi ƙanana, da fatan garkuwar jikin yaro ba za ta gane shi ba balle ta tayar da hankali.

Amma yankan mataki-mataki ne, kamar barza da niƙa. HA barza ce kawai, gutsattsarin na da girma har yanzu. Akwai wadda aka niƙa lukui irin su Aptamil Pepti da Nutramigen, akwai kuma irin su Neocate da babu ma furotin ɗin saniya dunƙule a ciki. Waɗannan biyun na ƙarshe magani ne, likita ke rubuta su ga yaron da aka tabbatar jikinsa ba ya karɓar nonon saniya. Don Allah wannan a riƙe shi da kyau, yaron da ke da alajin madara na gaske ba a ba shi HA, tana iya tayar masa. Alamun su ne borin jini ko kumburin leɓe da ido jim kaɗan bayan ya sha, amai mai yawa, jini ko majina a kashi, ko nauyi ya tsaya cak. In numfashi ya fara sarƙewa kuwa sai asibiti a guje.

Ki gwada tatsa kafin ki fita, ko sau ɗaya ne a rana. A firij yana kai kwana 4, a ɗaki awa 4 in akwai ɗan sanyi, da zafin nan namu kar ma ya kai hakan.

Abu Ammar:
Sista ta gama magana, ni ɓangaren bincike zan ƙara don na bi zancen nan sosai lokacin da aka haifi yarana a nan Jamus, inda HA ta cika kantuna. Tushen tallarta wani bincike ne da aka yi a nan mai suna GINI, jarirai 2,252 da aka ɗauka tsakanin 1995 da 1998, duk 'yan gidan da akwai mai alaji kamar naku. An samu raguwar ekzima ga waɗanda suka sha barzajjiyar ta ruwan cuku, amma asma ko kaɗan ba ta ragu ba a shekarun farko. Da wannan likitoci suka daɗe suna cewa a ba yara.

Sai kuma wani bincike a Melbourne ta Ostareliya, yara 620, ya fito a 2011 bai ga bambanci ba. A 2016 mujallar likitoci ta BMJ ta buga wani aiki da hukumar abinci ta Birtaniya ta sa aka yi, Robert Boyle da abokansa suka tattara gwaje-gwaje 37, yara sama da 19,000, suka ce babu hujja tsayayya cewa tana hana ekzima ko alaji, kuma da yawan binciken da ke yabonta akwai hannun kamfanonin madara a ciki. Abin takaici ma wani malami a Kanada, Ranjit Chandra, da aka daɗe ana kafa hujja da shi kan irin wannan madara, BMJ ta janye takardarsa ta 1989 a shekarar 2015 saboda zargin ƙirƙirar sakamako. Ƙungiyar likitocin yara ta Amurka da ta ce a 2008 akwai 'yar hujja, a 2019 ta dawo ta ce babu. Hukumar lafiyar abinci ta Tarayyar Turai ma a 2021 ta duba takardun Nestlé, kamfanin da ke yin NAN, ta ce ba su isa su nuna tana rage ekzima ba. Masu GINI har yanzu suna kan bakansu, ban ce ƙarya suka yi ba, amma bincike ɗaya ne a gaban tari.

Maganar mai kemis kuma hira ce kawai Hajiya. Yaran da suka sha HA girmansu daidai yake da na sauran. Wadda aka ga yara na ɗan jinkirin ƙiba da ita a shekarar farko ita ce niƙaƙƙiyar ta furotin mai daskarewa, ita ma da aka bi yaran har shekara 10 babu wani bambanci. Ni da ni ne zan sayi ta gama-gari mai lamba 1, wato ta jarirai sabbin haihuwa, canjin in saya wa maigida inhela.

Hajjo:
To ni ina ganin nonon akuya ya fi duk wannan wahalar, da shi aka raini da yawanmu

Sista Rabi:
A'a Anti Hajjo, ban da jaririyar wata biyu. Ɗanyen nonon akuya ko na saniya gishirinsa da furotin ɗinsa sun yi wa ƙodarta yawa, yana kuma jawo ƙarancin jini, sannan yawancin yaran da nonon saniya ke tayar wa alaji na akuya ma yana tayar musu, furotin ɗin kusan ɗaya ne.

Maman Haidar abin da ke da hujja mai ƙarfi yanzu shi ne kar a jinkirta abinci irin su gyaɗa da dafaffen ƙwai idan ta isa fara ci wajen wata 6. Wani bincike da aka yi a Landan, LEAP, a 2015 ya nuna fara ba da gyaɗa da wuri ya rage alajinta da kusan kashi 80 cikin 100. Mu da muke da kunun gyaɗa ai abin ya zo da sauƙi, a dama shi da laushi, ban da ƙwayar don tana shaƙe yaro. In dai ekzima mai tsanani ta fito mata kafin lokacin, likita ya fara ganinta tukuna. Kuma kowace madara kika saya, a tafasa ruwa a bar shi ya ɗan huce bai wuce minti 30 ba sannan a haɗa, ludayin cikin gwangwanin a shafe bakinsa kar a yi tozo, abin da ta rage a zubar.

Maman Haidar:
Kai na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri ya raya mana zuri'a. Na fasa HA ɗin, zan fara gwada tatsa daga gobe in ga yawan da zan samu, gibin a cike da ta gama-gari. Sista saura tambaya ɗaya, unguwarmu wuta sai a yini ba a kawo ba, in na sa nonon a kula da ƙanƙara zai kai la'asar?