Alƙalamina ya cije a babi na 7

Salamu alaikum 'yan uwa marubuta, don Allah ku kawo mini ɗauki.

Labarin almara nake rubuta wa yaran ƙauyenmu a ƙasar Birnin Kudu, na wata ɓoyayyiyar makaranta a cikin duwatsu wadda ba a koyar da komai a cikinta sai sauti da lokaci. Duwatsun nan namu da in ka ƙwanƙwasa suke amsawa kamar ƙararrawa, su suka ba ni tunanin. 'Yan ajin farko da damina suke ƙirga tazarar walƙiya da tsawa, daƙiƙa 3 kusan kilomita 1. Wannan ya tafi sumul.

A babi na 7 gizo ke saƙar. Yarinya ta kaɗa kalangu, lokaci ya koma asuba, don ta hana ƙanenta faɗawa rijiya. To in an koma asuba, ai ba a kaɗa kalangun ba tukuna! Wa ya juya lokacin ke nan? Ƙanwata ce ta kama ni, na yi shiru. Wata biyu ke nan ban ƙara ko layi ba.

Ba na son in ce "sihiri ne kawai". Wace doka zan kafa wa makarantar da za ta kwance wannan ƙulli?