Neman shawara: wasan kwaikwayo kan gubar dalma a ƙauyenmu

Salamu alaikum ƴan uwa. Ni ɗan Anka ne, mu shidda ne munka haɗu muna son yin wasan kwaikwayo a dandali kan gubar dalma, mu ɗauka da waya ya zama ɗan gajeren fim. Kun san abin da ya faru 2010, yara sama da 400 sunka rasu a yankin Anka da Bukkuyum saboda niƙa dutsen zinari mai ɗauke da dalma cikin gida, ni kaina ƙanena na ciki, kuma wallahi har yau akwai masu shigowa da dutsen gida suna daka shi a turmi. Ba mu son ɗauko ƴan fim daga birni, so muke mutanen gari su fito da kansu. To matsalar, wata inna da ta rasa ɗiya biyu ta ce za ta ba da labarinta amma mijinta ya ce ba a ɗaukar fuskarta. Mi kuka gani?

Malamin makaranta, Gusau: Wa alaikumus salam. Ƙanena bar maganar kyamara tukuna. Je ka gaida maigari da liman, ka faɗa musu komai. A jami'ar ABU Zariya tun shekarun 1970 suke irin wannan wasa da ƙauyuka, kuma sai sun zauna da mutane sun saurare su kafin a tsara labari. Akwai kuma salon Augusto Boal na Brazil, ana cikin wasa sai a tsaya, ɗan kallo ya shigo ya karɓi matsayin ɗan wasa ya nuna yadda shi zai yi. Ku gwada daidai inda maigida ya shigo da buhun dutse, ku ga wa zai tashi ya hana shi.

Anti, Talata Mafara: Ɗana don Allah kada ku matsa ma baiwar Allah nan. Ku ɗauki muryarta kawai in mijin ya yarda, a nuna turmi da tabarya da takalman yaran in tana da su, ya isa. Kuma ita za ta fara gani kafin kowa, in ta ce a cire a cire. Mata ku yi musu nasu cikin gida da rana, mace ta jagoranta, ai su ke shara su ke goyon yaran da ke rarrafe cikin ƙurar.

Ɗan Bagega: Kar ku mai da masu haƙa kamar mugaye, abinci suke nema. In kunka zage su ba mai zuwa. Ku sa su ciki su nuna wanka da canza kaya kafin shiga gida. Kuma ban da taron dare, kun san halin tsaro.

Mai tambaya: Na gode ƙwarai. Anti ban yi tunanin na mata daban ba sam, yayata za ta iya riƙe shi. Jumma'a bayan masallaci zan je wurin maigari in sha Allah.