Ɗinki, ɗinki da ɗinki: me za mu kira "stitch" da "seam"?

Jama'a a kawo ɗauki, musamman teloli da malaman harshe. Kwana uku ke nan kalmomi biyu sun hana ni sakat.

Ɗan littafin koyon ɗinki nake haɗawa da Hausa, shi ya sa na shiga tonon tsofaffin littattafan aikin allura da takardun da hukumomi suka fitar a kan sana'ar. A nan na ci karo da wani kundin gwamnatin Amurka mai lamba 751a, na shekarar 1965. Sunansa kalmomi uku ne a jere: stitches, seams, stitchings. Na ɗauki biro zan mayar da shi Hausa, sai ga abin da ya fito: "ɗinki, ɗinki da ɗinki". Na yi dariya ni kaɗai, can kuma dariyar ta koma ciki, don na ga allura ta tono garma.

Kada wani ya ce me ya haɗa gwamnati da zare. Wanda ke sayen kakin soja da tanti da laimar dirowa daga jirgi ba zai ce wa ɗan kwangila "ka ɗinka da kyau" ya yi shiru ba. Dole ya rubuta masa irin ɗinkin, da yawan zaren, da yadda ƙyalle zai hau ƙyalle. Daga baya hukumar ma'aunai ta duniya, ISO, ta raba abin gida biyu: lamba 4915 ga stitch, mai aji shida daga 100 zuwa 600, sai lamba 4916 ga seam, mai aji takwas. Mu kuwa kalma ɗaya muka ɗora wa kayan duka.

Ga bambancin a taƙaice. Na farko, stitch, shi ne ƙwaya ɗaya ta aikin zare, daga inda allura ta shiga zuwa inda za ta sake shiga. Na biyu, seam, shi ne wurin da ƙyalle biyu ko fiye suka gamu aka riƙe su. Na uku, stitching, jerin zare ne da bai haɗa komai da komai ba, ko na ado, ko na gyara baki kada ya zare.

Ina jiran shawarwarinku.

To, shawarwari sun iso, bari in bi su ɗaya bayan ɗaya. Malam, na ga taka, ka ce mu kira stitch "suka", tunda allura sukar ƙyalle take. Wallahi ita ce ta fara zo mini ni ma. Matsalarta ta farko a rubuce take: gwada karanta "suka suka yi yawa suka ɓata rigar" ka ji yadda harshe ke harɗewa. Wannan ma da sauƙi. Babbar matsalar ita ce suka aikin allura ne kaɗai, alhali a keke ba allura ce ke gama aikin ba. A stitch mai lamba 301, wanda shi ne na keken gida da kowa ya sani, allura takan kai zaren sama ƙasa, ƙugiyar ƙoshiya ta cafke shi ta zagaya da shi bayan zaren kwarkwaro, wato zaren ƙasa, sannan a ja su su sarƙe a tsakiyar ƙyalle. In ƙugiyar ta kuskure, allura ta riga ta soki ƙyalle, ga huda nan a fili, amma babu abin da ya riƙe. Ka ga an yi suka, ba a yi stitch ba.

Wanda ya kawo "ƙulli" kuma, Allah ya saka da alheri, sai dai babu ƙulli a wurin. Zare biyu ne suka rataya da juna. Shi ya sa in aka yanke ɗaya, sauran ke biyo baya a hankali.

Hajiya, maganarki ce ta buɗe mini ido, kuma ke da kike kan keke shekara da shekaru kin fi mu sanin inda ke ciwo. Kin ce in wannan kuskuren ya faru cewa kuke "keke yana tsallake". To ai an gama! Wane ne ke tsallake in ba mai tafiya ba? Ashe tun can teloli tafiya suke ganin ɗinki, har abin da ke danne ƙyalle ƙafa suke ce masa. Mai ƙafa, mai tsallake, abin da yake yi ɗaya bayan ɗaya ai taku ne.

Saboda haka na tsaya a kan "taku". Ku gwada ta a baki: "Sa taku goma a inci." "Takun ya yi tsawo, rage shi." "Ya tsallake taku uku a wuya." Babu wadda ta yi mini nauyi. Ta kuma karɓi sunayen ire-iren ba gardama. Aji na 100 takun sarƙa, irin wanda ake rufe bakin buhu da shi, wanda in ka kamo bakin zaren daidai sai ya warware tas a ja ɗaya. Da shi keken Bafaranshe Barthélemy Thimonnier na 1830 yake aiki. Aji na 200 takun hannu. Aji na 300 takun kulle, wanda Elias Howe ya yi wa rajista a Amurka a 1846. Aji na 500 takun baki, wato abin da teloli ke kira wibin, kuma ban ga dalilin korar wannan kalmar ba tunda ta zauna. Mai lamba 504 a cikinsu zare uku yake ci.

Na san za a ce "taku" tana karo da "taku" ta mallaka, kamar a "rigar taku ce". Gaskiya ne, a rubuce kamanninsu ɗaya. Amma haka muke zaune da "gari" na zama da "gari" na niƙa, ba a taɓa jin wanda ya tankaɗe birni ba. Inda ake tsoron ruɗani sai a cika ta, a ce takun ɗinki.

Yanzu seam. A nan ra'ayi ya rabu uku: haɗi, mahaɗi, mahaɗa.

Haɗi aikin ne, ba wurin ba. Tela yakan ce ya gama yanka saura haɗi. Mahaɗi kuwa ya riga ya yi nisa a wata ma'ana, abin da ake gama wani abu da shi. Mahaɗa ce ta dace da ƙirar harshen, don sunan wuri ce irin su majalisa, masaƙa, mahauta, ma'aikata. Muna da mahaɗar hanya da mahaɗar ruwa, to ga mahaɗar ƙyalle.

Abin da ya ƙara sa na so ta, ba ta jingina da zare ba. Akwai rigunan ruwa da tantuna da ake haɗa gaɓoɓinsu da zafi ko gam, allura ba ta ko leƙa wurin ba, kuma a littattafan sana'ar sunan wurin bai canza ba. Da mun ce "layin ɗinki", kamar yadda wani ɗan'uwa ya so, da mun maƙale a nan.

Kundin Amurkan nan mahaɗa iri huɗu ya lissafa, ga yadda na juya su, a gyara mini. Wadda ake ɗora ƙyalle kan ƙyalle baki ya yi daidai da baki, mahaɗar ɗori, ita ce aka fi yi. Wadda bakin ɗaya ke hawa kan bakin ɗaya, kamar mai taku layi biyu da ake gani a wandon jins, mahaɗar haye. Wadda ake naɗe baki da wani siririn ƙyalle, mahaɗar naɗi. Ta huɗun, inda baki ke gamuwa da baki ba wanda ya hau wani, irin ta kayan wasanni masu talewa, na ce mahaɗar karo, amma raina bai kwanta da ita ba. "Baki-da-baki" ta fi faɗin gaskiya, tsawo ne ya yi mata yawa.

Baba, na ji ƙorafinka cewa muna ƙirƙirar abin da babu mai faɗa a bakin aiki. Ban musa ba, ranka ya daɗe. Tela da yaronsa suna nuni da yatsa, kalma ɗaya ta ishe su. Mai karatu shi kaɗai da littafi ba shi da yatsan da zai bi. Dubi wannan jimlar: "ɗinkin ya farke saboda ɗinkin ya yi tsawo". Yanzu dubi wannan: "mahaɗar ta farke saboda takun ya yi tsawo". Ta biyun ta gaya wa mai koyo wace dunƙular keke zai murɗa. Kalmar ɗinki kuma tana nan daram a kujerarta, ita ce sunan sana'ar, ita ce kuma za ta ɗauki kalma ta ukun nan: ɗinkin ado, ɗinkin baki. Kalmasa da surfani ma ba wanda ya taɓa su.

Ɗan ƙyallen da ake bari tsakanin taku da baki, wanda yawancin takardun yanka na kanti ke ba shi santimita 1.5, wasu sun ce a bar shi "alawus" yadda ake faɗa. Ni dai in na ji alawus kuɗi nake tunawa. Na rubuta "rarar mahaɗa".

Sunan kundin yanzu ya zama "Taku, mahaɗa da ɗinki". Saura ƙarfen nan mai lanƙwasa na keken wibin, wanda ke ɗauke da zare amma ba ya huda ƙyalle, shi ba allura ba, shi ba ƙoshiya ba. Hajiya, me kuke ce masa?