Akaihwata ta yi fari kuma ta lotsa kamar cokali, mi ke kawo haka?

Maman Biyu (Tahoua):
Salamu alaikum ƴan uwa, ina kwananku. Don Allah tambaya gare ni ga wanda ya sani. Wata biyar kenan da na haihu, tun ranar suna nike sa lalle ban taɓa barin hannu haka nan ba, to wannan karon ban samu na sa ba har sabuwar akaihwa ta hito rabi, sannan na lura ashe ba ja-ja take ba kamar da, fara ce fat, kuma ta babban yatsa da ta manuni sun lotsa a tsakiya, in na ɗiga ruwa sai ya zauna bai zubewa. Ko wanki na yi sai su kakkarye. Uwar mijina ta ce omo ne da ruwan zahin wankan jego, amma ni gajiya ta hi damuna, in na ɗauko bido guda daga pampo sai zuciyata ta dinga bugawa kamar na yi tsere. Akwai haɗi ko ni ce da tsoro?

Ɗan Adar:
Wa alaikumussalam. Omo ne wallahi, tawa matar ma haka nata suke yi. Ki riƙa shafa man kaɗe da dare ki rage wanki kwana biyu.

Tanti Infirmiye (Yamai):
Ƙanwata barka da arziki, Allah raya mana. Ɗan Adar ban ƙi taka ba, omo yana busar da farce ya sa shi tsagewa, amma omo bai sa zuciya bugawa dai ko? Farce ya yi fari, ya lotsa har ya riƙe ruwa, ga gajiya, ga haihuwa kwanan nan, ni abin da ya fara zo mini ƙarancin jini ne, wanda rashin sinadarin ƙarfe ke kawowa. Ki tsaya gaban madubi ki ja fatar idonki ta ƙasa ki duba cikinta, ki duba tafin hannu ma, in sun koɗe to kin ƙara samun alama. Kuma ki gaya mini gaskiya, kina cin farar ƙasa ko tauna ƙanƙara? don kwaɗayinsu ma yana cikin alamomin, mata da yawa sai su ce ai sabo ne tun ina da ciki.

Amma kar ki tsaya nan, ki tafi CSI, wato asibitin unguwarku, ki ce a auna miki jini, analiz ɗin NFS suke ce mishi. Mace mara ciki in emoglobin ɗinta, wato sinadarin jan jini da suke aunawa, ya yi ƙasa da 12 jininta bai cika ba, mai ciki kuwa 11 ne iyaka. In sun ba ki ƙwayoyin ƙarin jini irin waɗanda ake ba masu awon ciki, bayan gida zai yi baƙi, wata kuma cikinta ya ɗaure, ba wata cuta ba ce, a nan ne yawancinku kuke jefar da maganin bayan sati guda, alhali ko jinin ya dawo ana so a ci gaba kamar wata 3. Hanta, nama, wake, zogale duk ki ci, ki matsa lemun tsami a kai. Shayi kam ki raba shi da lokacin cin abinci, yana hana ƙarfen shiga jiki, na san ku mutanen Adar wannan ce mai wuyar.

Farcen kuma sai haƙuri, kamar milimita 3 yake tsirowa a wata, kafin na hannu ya sake gaba ɗaya sai wajen wata 6.

Baban Yara Bukoki:
Tanti tunda kina kusa bari in raɓa. Ni baƙin layi gare ni a farata uku tun ina lakwal, daga tushe har baki. Sannan tsohona mai ciwon sukari farcen ƙafarsa ya yi kauri ya yi rawaya yana marmashewa, abin yanka farce ma ya kasa.

Tanti Infirmiye (Yamai):
Naka malam da sauƙi, mu baƙar fata irin wannan layin ya yi mana yawa, musamman in a yatsu da dama ne kuma shekara da shekaru bai sake kama ba. Wanda ake tsoro shi ne layi ɗaya sabo a yatsa ɗaya, yana faɗi, baƙin yana tsallakowa kan fatar gefe ko farcen yana fashewa, wannan likitan fata kai tsaye. Bob Marley da ya rasu a 1981 ai daga ƙarƙashin farcen ƙafa kansar tasa ta fara, an ɗauka ciwon ƙwallo ne.

Na Baba ya fi kama da cutar naman gwari, wato ƙwayar cutar da ke cin farce, amma don Allah kar a kai shi wajen masu yankan farce na bakin hanya da almakashi guda da ya bi ƙafar kowa, mai sukari sau da yawa bai jin an yanke shi kuma ƙaramin rauni a ƙafa sai ya zama gyambo. A nuna wa likitan da ke bin sukarinsa, maganin sha na watanni ne kuma suna duba hanta kafin su ba da shi, ba na saye a tebur ba ne.

Maman Biyu (Tahoua):
Tanti Allah shi saka da alheri, na tahi jiya anka auna, 8 da ɗan wani abu sunka ce, sun ba ni ƙwayoyi kuma in koma bayan wata guda. Farar ƙasa kam kin kama ni, tana nan ƙarƙashin matashi ko maigida bai sani ba. Inna uwar mijina da kanta ta aika a sawo hanta yau da sahe, amma maganar shayi ta ce wannan kuma ƙaryar likita ce. To akwai bikin ƙanwar mijina sati mai zuwa, in sa lalle ko in bari?

Tanti Infirmiye (Yamai):
Sa abinki ki yi kyau, amma ki bar mini farce ɗaya ko na ƙaramin yatsa ne, mu ga kalarsa ranar da za ki koma.