Redmi Note 7 dina ta tsaya a Android 10, in sa mata custom ROM ko in hakura?

Dan Kurna:
Salam yan uwa. Dan Allah masu ilimin waya ku bani shawara. Redmi Note 7 ce dani, sikirin lafiya kamara lafiya, amma kamfani sun daina turo mata update tun tana Android 10, yanzu ta fara nauyi, kuma gaskiya kudin sabuwar waya a wannan yanayin ba karamin abu bane. Naji ana maganar LineageOS, wani custom ROM, wato Android din da wasu suka hada ba kamfanin wayar ba, wai in an sa wa wayar zata dawo kamar sabuwa. Gaskiya ne ko zan kashe wayata ne a banza?

Mai Gyaran Waya:
Wslm. Malam ka dace da waya, tunda processor dinta Snapdragon 660 ce, masu hada ROM sun mata aiki sosai, da Tecno ko Infinix ce sai ince ka hakura don da kyar ake samun nasu. Farko sai ka bude bootloader, wato makullin da yake hana a canza manhajar wayar, da manhajar Mi Unlock a kwamfuta, kuma Xiaomi, kamfanin wayar, sukan sa ka jira awa 168, wato kwana bakwai. Budewar tana goge KOMAI, hotuna, lambobi, chat din WhatsApp, so ka kwashe kayanka tukunna. Abinda nafi ja maka kunne akai shine sunan boye na wayar, taka lavender ce, Note 7 Pro kuma violet, in ka dauko file din violet ka zuba mata zata iya makalewa a logo tayi ta kunna kanta tana kashewa, irinsu ake kawo mana shago mutum hankalinsa a tashe. Kuma ka cika caji kafin ka fara, ka samu kebul mai kyau wanda baya motsi.

Maman Hanif:
Ni abinda ya dameni app din banki. Kanina ya sa wa tasa custom ROM, wayar tayi sauri ba karya, amma app din bankinsa yaki budewa saboda ya gane an taba wayar, sai USSD ya koma yi. In da ita kake kasuwanci kayi tunani da kyau.

Abban Sadik:
Hajiya ta fadi gaskiya. Sannan LineageOS baya zuwa da Play Store, sai ka hada da GApps, wato kunshin app din Google, tun lokacin filashin, wato zuba ROM din, kafin wayar ta tashi karon farko. Kuma wayar 2019 batirinta ya gaji, ROM baya gyara wannan, fara canza batir ka gani.

Dan Kurna:
Nagode sosai Allah ya saka da alheri. Bari in canza batirin, in nemi bude bootloader din kwana bakwan su fara tafiya. Mai gyara, akwai hanyar komawa MIUI, manhajar da wayar tazo da ita daga kamfani, in app din bankin yaki budewa?