Me ya sa ake ce masa gajeren zango alhali shi ne yake zuwa daga Landan?

Ɗan Kurna:
Salamu alaikum jama'a. Dan Allah masu ilimin kimiyya ku taimaka min. Jiya ina kakkaɓe tsohon rediyon baba, irin mai batir huɗu ɗin nan, sai na lura a jikin gilashinsa akwai lambobi layi biyu, sama an rubuta 49m, 41m, 31m, 25m, 19m, 16m, ƙasa kuma 6, 7, 9, 11, 15, 17 MHz. Abin da ya ɗaure min kai shi ne ɗaya yana hawa ɗaya yana sauka, wato duk inda MHz ya ƙaru sai mita ta ragu. Na biyu kuma, tun muna yara muke jin BBC da Muryar Amurka da Jamus suna cewa a kama su a gajeren zango, to ta yaya gajere zai taso tun daga Turai amma FM ɗin nan na cikin gari da ka wuce Wudil ya fara shashasha? Ni dai sunan ya min kamar an juya shi ne.

Malamin Fiziks:
Wa alaikumus salam. Ba a juya ba ɗan'uwa, kalmar zango ce ta rikita ka. Ba nisan tafiya ake nufi ba, tsawon taku ɗaya ake nufi.

Ka ɗauka uba ne da ƙaramin ɗansa za su masallaci, dole su isa tare. Uban takunsa dogo ne sai ya riƙa ɗaga ƙafa jefi-jefi, yaron kuwa takunsa gajere dole ya yi ta sauri-sauri kafin ya jera da shi. To haka siginar rediyo take, igiya ce mai hawa da sauka kamar ta ruwa, kuma duk gudunsu ɗaya ne, gudun haske, kusan kilomita 300,000 a daƙiƙa guda. Tazarar da ke tsakanin tudun igiya da tudun da ke bin sa ita ce mitocin da ka gani, 49m ɗin nan mita 49 ce ta gaske irin wadda tela yake aunawa. Shi kuma MHz yawan kaɗawar da igiyar take yi ne a daƙiƙa, firikwansi kenan, MHz ɗaya kaɗawa miliyan ɗaya. Tunda gudun ba ya canzawa, in taku ya gajarta dole yawansa ya ƙaru.

Lissafin ma ba wuya: raba 300 da MHz sai ya ba ka mita. Gwada da Rediyon Tarayya Kaduna da aka sani a 6090 kHz, wato 6.09 MHz, 300 a raba da 6.09 ya ba ka 49 da ɗan ɗoriya, ka ga inda mita 49 ta fito. Na matsakaicin zango 594 kHz kuwa takunsa ya haura mita 500, shi ya sa aka ce wa wancan gajere, idan aka jera shi da wannan ne. FM mai 99.5 mita 3 kacal. Kuma a nan masu gabatar da shiri suke ƙara rikita mutane, sai ka ji an ce "a kan mita 99.5", alhali megahaz ne ba mita ba, al'adar zamanin gajeren zango ce ta bi bakin mutane.

Mai gyara a Sabon Gari:
Malam ya gama magana, ni dai bari in ƙara abin da na sani a bakin aiki. Dalilin da gajeren zango yake nisa ba ƙarfi ba ne kawai, akwai wani rufi can sama a sararin samaniya da rana take cajawa, sigina ta daki rufin ta dawo ƙasa ta sake tashi, haka take tsalle har ta ƙetare hamada. FM kuwa huda rufin yake ya wuce abinsa, saboda haka iyakarsa inda dogon ƙarfen tashar yake hangowa. Kuma in ka lura da rana mita 16 da 19 sun fi kamawa, da dare kuma 41 da 49, tsofaffi duk sun san wannan ba tare da sun shiga aji ba.

Sannan eriya ma da tsawon igiyar ake yanka ta, galibi rubu'i. Rubu'in mita 3 santimita 75, to auna eriyar rediyonka in ka zare ta duka ka gani, ba ta nisa da haka. Wayar hannu da take aiki a 900 MHz igiyarta wajen santimita 33 ce shi ya sa eriyarta ta ɓuya a ciki ba ka ganinta.

Ummu Hanan:
Ikon Allah. Malam to wai da gaske ne hasken da muke gani da ido shi ma irin wannan abin ne? Ƙanwata tana SS2 ta faɗa min haka na ce ta daina min shirme 😂

Malamin Fiziks:
Hajiya ki ba ta haƙuri, gaskiyarta. Dangi ɗaya ne tun daga rediyo har hoton ƙashi na asibiti, tsawon taku ne kawai ya raba su. Wi-Fi na 2.4 GHz, wato 2,400 MHz, santimita 12 da rabi, na dish da ruwan sama yake ɗauke miki tasha wajen santimita 2 da rabi. Ki yi ta gajartawa sai ki iso hasken da rimot yake aikawa talabijin wanda ido ba ya gani, daga shi sai ja. Jan haske tsawonsa nanomita 700, wato sai kin jera sama da 1,400 kafin su cika milimita ɗaya, kuma yana kaɗawa wajen sau tiriliyan 430 a daƙiƙa. Launin ƙarshe a bakan gizo, mai ruwan shunayya ɗin nan, nanomita 400. Iyakar abin da idonmu yake kamawa kenan, ɗan siririn wuri a cikin wannan dogon layi.

Bayan shi ne ake shiga masu haɗari, wanda yake ƙona fata a rana, sai eksire da Bajamushe Röntgen ya gano a 1895, sai wanda ake kira gamma. Yawan kaɗawa shi ne ƙarfin kowane ƙwayar haske, shi ya sa waɗannan suke iya ɓata ƙwayoyin jiki, kuma shi ya sa mai ɗaukar hoton ƙashi yake laɓewa bayan bango. Wannan ne ma ya sa surutun 2020 na cewa wai 5G yana cutar da mutane ya ba ni haushi wallahi, 3.5 GHz da aka yi gwanjonsa a Najeriya a 2021 bai kai ko kusa da hasken kwan fitilar ɗakinki ba, hasken ya ninka shi a yawan kaɗawa sama da sau dubu ɗari.

Af, gudun nan na 300,000 a sarari ne. A cikin ruwa yana sauka zuwa wajen 225,000, sai takun ya gajarta amma yawan kaɗawar yana nan yadda yake.

Ɗan Kurna:
Allah ya saka da alheri, ya ƙara basira. Na ɗauko tef ɗin mama na auna eriyar, santimita 78 na samu, mai gyara ka ci kuɗinka 😄 Na sa batir kuma yana aiki, bari dare ya yi in murɗa mita 49 in ji wa zan kama.